Yaya Idi a Hannun Pusu

Yaya Idi ya rasu wata Talata bayan la'asar, a ɗakinsa, nan unguwarmu ta Kilomita Biyar. Da safiyar ranar yana kan Titin Koudoukou riƙe da hannun pusu, ni ina gaba ina jan igiya. Ni na fito da shi aiki a ranar, kamar yadda na yi ta fito da shi duk tsawon wannan damina da ciwo a jikinsa. Wannan gaskiya ne, ban taɓa musu ba. Abin da aka ɗora a kai ne ba gaskiya ba. Ku 'ya'yana da 'ya'yan Yaya kun tashi kuna jin cewa na yi ta aiki da ɗan'uwana har na ƙarar da shi. Abba, babban ɗansa, shi ya fara faɗa, a zaman makoki, gaban mutane. Ban amsa masa ba. Ni ban iya rubutu ba, ban kuma iya doguwar magana ba. Yanzu zan faɗa a rubuta mini, sau ɗaya.

Sai kun san pusu kafin ku gane. Ku moto kuka sani, wato babur. Pusu amalanke ne na ƙarfe, taya biyu a tsakiya, hannu a baya. In kaya masu nauyi ne mutum biyu ke kansa. Babba yana baya riƙe da hannu, shi ke juya shi, shi ke magana da masu kaya. Ƙarami yana gaba da igiya a ƙirji, shi ke jera kaya ya ɗaure. Duk aikin yana wurin jerawar. In ka tara buhuna a bayan taya, nauyin ya sauka a hannun na baya, kafin ku kai kasuwa kafaɗunsa sun mutu. In ka tura su gaba, hannun pusu ya riƙa ɗagawa sama, sai na baya ya danna shi da jikinsa. Wanda ya iya yana jera su daidai kan taya. Yaya ya koya mini wannan tun ban fara gemu ba, da rankwashi ya koya mini. Muka tsufa a haka, shi a baya, ni a gaba. Sukari, gishiri, fulawa, albasa, siminti, ba abin da ba mu ɗauka ba daga magazen, wato manyan ɗakunan ajiyar kaya, zuwa shaguna. Yaya mai surutu ne. Daga bakin kasuwa har gadar Yakité ba wanda ba ya tsokana, da Hausa, da Sango, da ɗan guntun Larabcin da ya tsinta wurin 'yan Chadi. Ni ba na magana. Yakan ce wa mutane Allah ya raba mana gado ne, shi ya ɗauki baki ni na ɗauki ƙirji.

Shekarun rikici da aka rufe mu a unguwa, ba shiga ba fita, ba zan faɗe su a nan ba. Mun ga abin da muka gani. Abba ya bi manyan motoci zuwa Kamaru, ya zauna a Duwala. Mu muka tsaya, domin Yaya ya ce ba inda za shi. Da hanya ta buɗe, kaya suka fara shigowa, muka gyara tayoyin pusu muka koma titi. A wannan shekarar abin ya fara, kuma ba zan iya ce muku ga ranar da ya fara ba. Yaya bai faɗi ba. Bai yi zazzaɓi ba. Ya dai fara rage gozo, tuwon rogonmu, a kwano, shi da ke sa hannu a nawa in ya gama nasa. Ya fara tsayawa a hawan gada yana cewa takalminsa ne ya kwance. Ya huda wa bel ɗinsa sabon rami da ƙusa, bayan ɗan lokaci ya sake huda wani. Tsokanar tana nan, amma sai mutum ya matso kafin ya ji.

Matarsa Asabe ce ta sa wa abin suna. Wata ranar Juma'a bayan an sauko daga masallaci ta tare ni a bakin rijiya, ta rage murya.

"Garba, ka duba wuyan yayanka kuwa?"

Na ce, "Rama ce. Damina ce."

Ta ce, "Kai ma ka san ba rama ba ce. Mutumin nan zagwanyewa yake yi."

Na daɗe ban ji kalmar ba. Ta mahaifiyarmu ce, wurinta Asabe ta ɗauka. Ku ba ku san ta ba, Sango ya fi muku sauƙi a baki, kuma ko cikin manya ba kowa ke faɗinta ba yanzu. Inna takan faɗe ta in an bar sabulu a cikin ruwa, ko buhun gishiri ya kwana a ƙasa mai danshi, ko gindin katangar laka da ruwan indararo ke zuba a kai. Ba a ce wa abin da ya karye ya zagwanye, ko abin da ya faɗi gaba ɗaya. Abu ne da yake nan a wurinsa, da kamanninsa, yana raguwa ta ko'ina, ba ƙara, ba ranar da za ka nuna. Wanda ya rame yana iya mayar da jiki. Wanda ya zagwanye ba ya dawowa. Shi ya sa na ji haushinta da ta faɗa, na ɗauki gugana na bar wurin.

Mun kai shi asibiti. Likita ya danna masa ciki, aka ɗauki hoto, aka ɗebi jini. Ya kira ni gefe ya yi mini bayani da Sango, a hankali, kamar yana tsoron in faɗi. Ciwon yana cikin hanta, ya yi nisa. Ya ce a ba shi abin da yake so ya ci, ga maganin rage zafi, a bar shi ya huta. Asabe ta riƙe wannan kalma ta hutu. Abba ma ya bugo waya daga Duwala, na ji shi yana ɗaga murya har daga inda nake zaune.

"Baffa, kada Baba ya ƙara taɓa pusu. Zan riƙa aiko da na cefane. Ya kwanta."

Yaron bai yi laifi ba. Abin da ɗa na gari zai faɗa ke nan. Muka kwantar da Yaya. Aka shimfiɗa masa katifa kusa da taga, aka sayo masa rediyo. Na ɗauki wani maƙwabcinmu ya riƙe mini hannun pusu. Sati na farko Yaya yana karɓar masu dubiya yana ba su dariya. Daga nan masu dubiya suka ragu, kowa da abin da ke gabansa. Ya kashe rediyon. Ya juya fuska bango. Asabe ta dafa duk abin da ta san yana so, kifi, romon kan rago, fura da nono mai kyau da ta nemo wurin matan Fulani. Ya kurɓa sau ɗaya ya ture. Abin da ciwo bai ci ba a watanni, ɗakin nan ya ci shi a 'yan makonni. Da idona na gani.

Wata rana na dawo da azahar, na shiga gaishe shi. Bai juyo ba.

"Wa ke riƙe maka hannu?"

Na faɗa masa.

"Wannan? Ai ko kwanar kantin mai taya ba zai iya sha ba sai ya hau ƙafar mutane." Can ya ce, "Na ji ku da safe. Tayar hagu tana kuka. Ba wanda ya sa mata mai."

Na ce zan sa.

Sai ya juyo. Idanunsa sun faɗa, sun yi ruwan ɗorawa. Ya ce, "Garba, ka tuna Baba a zaure?"

Na tuna. Mahaifinmu ya yi shekaru a kwance, ana juya shi, ana ɗauke masa kwano, yara suna tsallake ƙafarsa in za su fita. Mutumin da ya taho da shanu a ƙafa tun daga ƙasar Hausa. Har ya rasu yana ba mutane haƙuri don ya daɗe.

Yaya ya ce, "An ajiye ni kamar buhun da ya fashe. Mutuwa zan yi, na sani, likitan nan bai iya raɗa ba. Amma ba na so ta same ni na riga na saba da bango. Ka fitar da ni."

Na fita tsakar gida, Asabe tana tankaɗe. Na ce mata gobe zan fita da shi. Ta ajiye rariyar.

"Ka haukace ne? Mutumin da buta ke gagararsa?"

"Ba ya cin abinci."

"To a titi ne zai ci? In ya faɗi a gaban mota fa? Me zan ce wa yaron nan?" Ba ta kama sunan Abba, ɗan fari ne.

Na ce, "Ki ce masa ni ne."

Tun tana amarya muke wasan ƙanin miji da ita, takan ce mini gunki saboda rashin magana. Ranar ba wasa. Ta ce, "Gunki, in ka dawo mini da gawa, ba ni ba kai."

Washegari na je magazen tun kafin Yaya ya iso, na jera kayan ni kaɗai. Na tura buhunan gaba da taya, ba da yawa ba, daidai yadda hannun pusu zai riƙa ɗagawa. Ya zo a hankali, da tsohuwar rigarsa ta aiki tana reto a jikinsa. Ya kama hannun. Hannun ya taso ya tare shi a ƙirji, ya jingina a kai. Nauyin jikinsa ya daidaita kayan. Shi ke nan. Ba ya tura komai, ba ya ɗaukar komai, pusun ne ke ɗauke da shi kamar sanda, ƙafafunsa kawai ke bi. Ja duka yana wurina, kaya da amalanke da mutum. A gangara, inda na baya ya kamata ya riƙe, sai in juyo in sa bayana a gaban pusu in tokare da ƙafa. Wanda ya gan mu daga nesa zai ce tsofaffin nan biyu ne da aka saba gani.

Ba mu yi nisa ba matan da ke sayar da ayaba a bakin titi suka hango shi. Wata ta miƙe tana tafi.

"Baba Idi! An ce ka mutu!"

Ya ce mata da Sango, "Na je, aka ce sai na dawo na aure ki tukuna."

Suka fashe da dariya, suna ce masa yeke yeke, wato a hankali. Wani ɗan canji ya taso daga bencinsa ya ba shi hannu. Masu moto suna yi masa oda. Da muka sauke kayan ya ce in tsaya wurin mai shayi. Ya sha shayi da madara, ya ci rabin burodi, yana gardama da mai shayin a kan sukarin da ya rage. Da muka koma gida da hantsi ya ce wa Asabe, "Ina gozon jiya?" Ta zuba masa da miyar ganyen rogo. Ya ci loma kaɗan, amma da kansa ya nema. Ta shiga madafa ta daɗe ba ta fito ba.

Haka muka yi damina. Sawu ɗaya da safe, in jikin ya yarda biyu, in bai yarda ba ya zauna a kan pusu a inuwa yana ba da umarni. Ba kowa ya so abin ba. Wani Alhaji da muka yi shekaru muna ɗaukar masa kaya ya kira ni cikin magazen ɗinsa.

"Malam Garba, ka ji tsoron Allah. Ka mai da tsohon nan gida. Ba zan sa hannu a wannan ba."

Bai ƙara ba mu kaya ba. Wasu suka bi shi. A masallaci akwai waɗanda suka rage amsa mini gaisuwa. Na san abin da ake cewa, wai na ƙi rabuwa da shi ne don sunansa ke kawo mana aiki. Ban yi wa kowa bayani ba, domin in na yi, sai na ce Idi ba ya tura komai, jingine yake kawai. Da maganar ta zagaya ta dawo kunnensa, da na rushe abin da nake ginawa. Abba ya bugo waya sau da yawa. Na daina ɗauka. A cikin laka, wata rana, wani abu ya tsinke mini a kafaɗar dama, na ji ƙararsa. Na mayar da igiyar hagu muka ci gaba.

Abin da ya fi mini wuya ba jan ba ne. Jerawar ce. Tunda nauyin jikinsa ke danne hannun, duk abin da ya ragu a jikinsa sai na gan shi a kaya. Inda na sa buhu a farkon damina, bayan ɗan lokaci ya yi masa yawa, hannun yana neman ƙwace masa. Sai in ja buhun baya kaɗan, kamar faɗin tafin hannu. Bayan kwanaki in sake ja. Likita yana da ma'auninsa, ni nawa ke nan. Kowace safiya kafin ya iso ina tsaye ina lissafin abin da ya rage na ɗan'uwana, in matsar da buhu. Asabe tana ganin fuska, tana cewa yau ya ɗan yi kyau.

Wata safiya na yi kuskure. Fulawa muka ɗauko, na jera yadda na jera a makon da ya wuce. Muna sauka daga gadar Yakité taya ta faɗa rami, gaban pusu ya dunguri ƙasa, hannun ya tashi sama da shi. Na waiwaya na ga ƙafafun Yaya suna lilo a iska, takalmi ɗaya ya faɗi. Bai saki ba. Na yi tsalle na danno hannun, na sauke shi, na zaunar da shi a bakin gada. Shi kuwa dariya yake yi, ba sauti, har da hawaye.

"Ka ga tsufa, Garba. Na hau jirgin sama ban biya ba."

Na tsuguna ina sa masa takalmin. Ya dafa kaina.

"Ka ja na saman nan baya. Ba tafin hannu ɗaya ba, biyu. Na fi sauƙi yanzu."

Na ɗago na dube shi.

Ya ce, "Me kake kallo? Wa ya koya maka jera kaya? Tun ranar farko da na kama hannun nan na san abin da ka yi." Ya numfasa. "Aikin ya yi kyau. Da ni ne ma haka zan jera."

Tun ina yaro bai taɓa ce wa aikina ya yi kyau ba. Na tashi na kwance igiya, na ja buhun baya tafin hannu biyu. Daga ranar shi ke faɗa mini inda zan sa. Yakan zo ya kama hannun, ya gwada, ya ce ƙara kaɗan. Ba mu sake yin maganar ba.

Ranar Talatar, sukari ne, buhu kaɗan, zuwa wani shago kusa. Ya gaisa da kowa a hanya. Ya tsaya ya yi wa wani mai pusu faɗa don ya ɗaure kaya da igiya ruɓaɓɓiya. Da muka sauke ya ce yau ba zai sha shayi ba, in kai shi gida. Na ce ya hau pusu in tura shi. Ya ce a'a, mutane suna kallo. Ya riƙe hannun har ƙofar gida. Ya yi wanka da kansa, ya yi azahar a zaune. Ya ce wa Asabe ta buɗe taga. Da aka kira la'asar ta je tashinsa, ta ga numfashin ya canja, ta aiko aka kira ni. Na zauna na ɗora kansa a cinyata, ina yi masa kalmar shahada yana motsa leɓe. Bai daɗe ba.

Abba ya iso bayan an yi jana'iza. Ya tarar da mu a zaune a ƙofar gida. Wani ya riga ya gaya masa cewa da safen ranar an ga ubansa a titi. Bai zauna ba. Ya tsaya a kaina ya ce:

"Baffa, ko jaki in ya tsufa ana sauke masa kaya."

Mutane suka yi ta ba shi baki. Ni na dubi ƙasa. Yaro ne da ya yi tafiya mai nisa bai sami ubansa ba, dole ya sauke abin a kan wani. Na ce gara ni. Na ɗauka in ya huce zai tambaye ni. Bai tambaya ba, ni kuma ban iya fara magana ba. Shekaru suka wuce a haka. Yana aiko da gaisuwa ta bakin ƙannensa, ni ma ina mayarwa ta bakinsu.

Asabe, Allah ya jiƙanta, har ta rasu ba ta ce na yi daidai ba, ba ta ce na yi kuskure ba. Na san akwai ranakun da take ganin da na bar shi a ɗaki da ta ƙara samun wata ɗaya ko biyu da shi. Mai yiwuwa haka ne. Ban sani ba, ba kuma zan yi muku ƙarya in ce na sani ba. Amma tun daga ranar da ta fita takaba, kullum da rana kwanona yana zuwa daga madafarta, har ƙarfinta ya ƙare.

Abba, ban ɗora wa ubanka kaya ba. Abin da ya roƙe ni na yi masa, kuma da za a dawo da daminar nan haka zan sake yi. In kana da tambaya, ka zo ka yi ta ina da rai.

Ina nan Kilomita Biyar, a ɗakin da kuka sani, ta wajen Yakité. Hannun dama ba ya ɗaguwa sama da kafaɗa. Wani mai magazen ya ba ni benci a bakin ƙofarsa, ina ɗinke buhunan da suka fashe da babbar allura. Kullum bayan hantsi nake fita, da ƙafata, in dawo da azahar.